Gawa ko gawo: muhawara kan mutum-mutumin yaƙi mai nema wa kansa abinci

Habibu Zariya:
Assalamu alaikum, jama'ar wannan zaure. Jiya da dare wani abokin cinikina ya turo mini saƙon murya wanda ya hana ni barci. Mai maganar ya rantse cewa sojojin Amurka sun ƙera wani mutum-mutumin yaƙi mai suna EATR, wanda ba ya shan mai kuma ba ya jiran caji, sai dai ya bi fagen daga yana tsintar gawarwakin mutane yana ƙonawa a cikinsa, da haka yake samun ƙarfin tafiya. Ya ƙara da cewa tuni aka shigo da shi yankin Sahel. Ba zan ɓoye muku ba, na tura wa mutum biyar kafin hankalina ya dawo jikina. Shi ya sa na kawo maganar gaban manya, domin in har gaskiya ce ya kamata kowa ya sani, in kuwa ƙarya ce ina da mutum biyar da zan koma wa.

Mushe Isufu:
Wa alaikumus salam, Habibu. Labarin yana da tushe, amma an ɗora masa gini na ƙarya. EATR shiri ne na gaske, kuma tsoho ne, ba na bana ba. Wani ƙaramin kamfani mai suna Robotic Technology, wanda Robert Finkelstein ke shugabanta a lokacin, shi ya tsara shi da kuɗin DARPA, wato hukumar binciken sababbin dabarun yaƙi ta ma'aikatar tsaron Amurka, sannan wani kamfani na jihar Fulorida mai suna Cyclone Power Technologies ya ɗauki nauyin injin. Abin da suka zana a takarda shi ne wata mota marar direba mai hannu guda na ƙarfe da zarto mai inji, tana da kamara da hasken leza don gane abin da ke gabanta, ta yanki itace ko ciyawa ta jefa a murhun da ke jikinta. Wutar murhun tana tafasa ruwa, tururi ya juya inji, inji ya ba da lantarki. Ke nan tukunyar jirgin ƙasa ce irin ta zamanin da, aka ƙanƙanta ta aka yi mata ido.

A watan Yuli na 2009 tashar Fox News ta ba da labarin da cewa na'urar za ta iya cin gawarwaki, magana ta watsu ko'ina, har kamfanonin biyu suka fitar da sanarwa cewa abin nasu tsiro kaɗai yake ci, kamar ƙirare da yankakkiyar ciyawa da ɓarɓashin katako. Shirin bai wuce matakin gwaji ba, kuma ba a taɓa kai shi fagen yaƙi ba, balle Sahel.

Alhaji Lawali mai motoci:
Mushe, na ji bayaninka, amma ka yi mini uzuri, ban gamsu ba. Shekara talatin da wani abu ina harkar mota, ban taɓa ganin mai sayar da kaya ya faɗi aibin kayansa ba. Ka ce sun fitar da sanarwa. To, yaushe suka fitar? Bayan duniya ta yi musu ca. Wanda aka kama da hannu cikin tukunya ai dole ya ce ɗanɗanon gishiri yake yi. Ni tambayata ɗaya ce: kafin a yi musu surutu, me suka rubuta da hannunsu?

Zuwaira:
Baba Alhaji, tambayarka tana kan hanya, kuma amsarta ba ta wanke su tas ba. A bayanin farko da kamfanin ya fitar, an ce na'urar za ta nemo makamashi daga tsirrai da ke kewaye da ita da kuma sauran abubuwan da asalinsu mai rai ne, ba tare da an yi wa wannan jimla ta biyun iyaka ba. A jerin abin da injin zai iya ƙonawa an sa fetur da kananzir da gazuwal da gas da kwal da man girki, har da kitsen kaji. Duk ɗan jaridar da ya ga kitsen kaji a jerin abincin injin yaƙi, ba sai an yi masa jagora ba zai kai ga tambayar da Fox News ta kai. Saboda haka ba daga sama aka ƙirƙiro tsoron ba, su ne suka bar ƙofa a buɗe.

Sai dai a cikin sanarwar tasu sun ambaci Yarjejeniyar Janiba, wato dokokin yaƙi na ƙasa da ƙasa, kuma a nan sun faɗi daidai. Sashe na 15 na yarjejeniya ta farko ta 1949 ya wajabta wa masu yaƙi su nemo matattu su kuma hana a wulaƙanta su ko a kwashe abin da ke jikinsu. Wannan doka ta hau kan Amurka kamar yadda ta hau kan Nijar.

Alhaji Lawali mai motoci:
Madalla, ƴata. Ga shi nan kin faɗa da bakinki. Injin da ya ci kitsen kaza, me zai hana shi cin kitsen mutum? Doka kuwa, mun ga yadda manyan ƙasashe suke yi da ita idan ta tare musu hanya.

Mushe Isufu:
Alhaji, ban ce dokar ce za ta hana ba, kuma ban ce mutanen kirki ne ba. Abin da na dogara da shi lissafi ne, wanda ba ruwansa da halin kowa. Ka bar ni in yi shi a fili.

Kilo ɗaya na busasshen itace yana ɗauke da zafi kimanin megajul 16 (megajul ma'aunin yawan zafi ne). Lita ɗaya ta gazuwal tana ɗauke da kimanin 36. Finkelstein ya ce kilo 68 na tsiro zai iya tafiyar da motar kilomita 160, wato daga nan Maraɗi ta kai Tasawa har ta wuce. In ka buga 68 sau 16 za ka sami abin da ya haura dubu ɗaya kaɗan, daidai da gazuwal lita talatin. Lita talatin a kilomita 160 kai ka fi ni sanin ba abin mamaki ba ne ga babbar mota. Ke nan alƙawarin nasu ba hauka ba ne, amma da sharaɗi: sai itacen ya bushe ƙayau.

Nan ne maganar gawa take rushewa. Jikin ɗan Adam kusan kashi 60 cikin ɗari ruwa ne, kuma kowane kilo na ruwa sai ya cinye fiye da megajul biyu kafin ya zama tururi ya fita. Kitsen kajin da aka ambata narkakke ne tatacce, mai ne kamar man gyaɗa, ba kaza ce da gashinta da hanjinta ba. A ƙasashen da ake ƙona matattu, ana hura gas ne a tanderu mai zafin da ya kai digiri 800 ko fiye, a ɗauki awa ɗaya zuwa biyu ko sama da haka kan gawa guda. Wato su mai suke zubawa don su ƙona, ba mai suke samu ba. Ban ce kitsen jiki ba ya cin wuta ba, yana ci. Na ce ƙaramin murhun da aka yi don ɓarɓashin katako, in ka cusa masa ɗanyen nama, kashe shi za ka yi. Duk matar da ta taɓa hura wuta da jiƙaƙƙen kara a watan Agusta, tana fifita da faifai hayaƙi na sa ta hawaye, tukunya kuwa ko ɗumi ba ta yi ba, ta riga ta san wannan darasi fiye da ɗalibaina.

Habibu Zariya:
Mushe, to amma akwai wani bidiyo da na taɓa gani na wata na'ura da aka ce ƙudaje take ci. Shi ma ƙarya ne?

Mushe Isufu:
Wannan gaskiya ne, amma wata dabara ce daban, kuma masu yaɗa labari sukan haɗa su biyun su dama. A birnin Biristol na Ingila, masu bincike irin su Ioannis Ieropoulos da Chris Melhuish sun ƙera EcoBot II a 2004, wanda ake ba matattun ƙudaje da ruɓaɓɓun ƴaƴan itace. Ba ƙonawa yake yi ba. Bakteriya ne a cikin wasu ƙananan akwatuna suke narkar da abincin, a tatsi ɗan lantarkin da ke fita daga aikinsu. Kafin su, a shekara ta 2000, Stuart Wilkinson na wata jami'a a Fulorida ya yi wani ɗan jirgin ƙasa na wasa mai cin ƙwayar sukari. Asalin ilimin ma ya girme su duka, tun 1911 wani masanin tsirrai na Ingila mai suna Potter ya nuna cewa ƙananan halittu suna iya ba da lantarki. Amma ƙarfin da ake samu ɗan mitsitsi ne. EcoBot II yakan tara wuta na tsawon mintuna, ya matsa ɗan taƙi, ya sake tsayawa, tafiyar da yake yi a awa guda ba ta kai kamu ɗaya ba. Hawainiya ma za ta yi masa fintinkau. Ba da irin wannan ake ɗaukar bindiga ba.

Kawu Ila, tsohon soja:
Na yi shiru ina karantawa, yanzu bari in sa baki, domin akwai abin da ba wanda ya tambaya: me ya sa soja zai so irin wannan abu tun farko? Wanda bai yi aiki a arewa ba ba zai gane ba. A can ba harsashi ne yake fara ƙarewa ba, mai ne da ruwa. Na taɓa kwana uku a wani wuri bayan Agadas muna jiran tankar gazuwal, motoci shida a jere kamar duwatsu, kowace safiya direba ya tsoma kara a tanki ya ciro ya duba inda ya jiƙe, kamar man zai haihu cikin dare. Rediyo ma sai da muka riƙa kunna ta da ƙa'ida don kada batir ya mutu. Kuma tankar da ake jira ita ce abin da abokin gaba ya fi so, domin ba ta gudu, ba ta ɓuya, harsashi ɗaya ya ishe ta.

Amurkawa sun sha wannan a Afganistan. Wani bincike na rundunarsu a 2009 ya nuna cewa a cikin kowane ayari 24 na tankokin mai ana samun mutum ɗaya da aka kashe ko aka raunata, kuma an gaya wa majalisarsu cewa galan ɗaya yakan kai dalar Amurka 400 kafin ya isa sansanonin da ke lungu. Ka ga shekarar ta zo daidai da ta EATR. Saboda haka, Habibu ɗana, abin da suke nema ba dodo ba ne, hanyar tsira ce daga tanka. Ni da na tsoma kara a tanki ba zan yi musu dariya ba.

Malama Hadiza, ma'aikaciyar gona:
Yaya Ila, na fahimce ka, amma maganarka ce ta sa ni tsoro fiye da saƙon da aka turo wa Habibu. Tun ɗazu ana ta murna cewa abin ba ya cin gawa, tsiro kaɗai yake ci, kamar an ce ba ya cin komi. Ni a wurina nan ne matsalar ta fara. Ba gawa yake ci ba, gawo yake ci.

Wanda ya zana wannan na'ura yana zaune ne a ƙasar da ciyawa shara ce, ana biyan kuɗi a yanke ta a zubar. A nan wane tsiro ne ba shi da mai shi? Karan hatsi da kuke gani a gona bayan girbi, shi ne zana, shi ne rufin rumbu, shi ne abincin shanu a bazara, shi ne wutar tuwo, tokarsa ma ana tacewa a sa a miya. Harawar wake da ta gyaɗa ana ɗora su kan itace ko saman soro ana tsaro kamar kuɗi, domin kuɗin ne. Na zauna a zaman sulhu a wani ƙauye na yankin Agye inda dattawa suka yini cur kan dami huɗu na kara da shanu suka ci, kuma da ba a yi zaman ba da jini ya zuba. Yanzu a ce ga wani abu mai zarto wanda ba ya gajiya, ba ya jin Hausa ba ya jin Fulatanci, ba ya sanin iyakar gona ko burtali, an sake shi ya nemi kilo 68 a duk kilomita 160. In guda ɗari ne fa? In sun yi sansani wata shida a gefen dajin Baban Rafi fa?

Ku tuna yadda itatuwan nan suka dawo. A farkon shekarun 1980 gonakin jihar nan fayau suke, iska na binne shuka da rairayi, mutum ya yi shuka sau biyu sau uku. A 1983 Tony Rinaudo, wani ɗan Ostireliya da ke aiki a nan Maraɗi, ya lura cewa ƴan tsirran da ake sassabewa kowace shekara ba ciyawa ba ne, kututturan itatuwa ne masu rai a ƙarƙashin ƙasa. Daga nan aka fara abin da muke kira sassaben zamani: ka zaɓi reshe biyu ko uku masu ƙarfi ka bari, ka datse saura. Yau ana maganar kadada miliyan biyar da itatuwa kimanin miliyan 200 a kudancin ƙasar nan, akasari tsakanin Maraɗi da Damagaram. Ba injin da ya yi wannan, hannu ne da adda da haƙuri. Na san wani tsoho da ke ɗaura jan tsumma a kan kowane ɗan gawo da ya bari, don yaran da ke kiwo su san an yi masa rajista. Ɗan gawo mai shekara biyu, tsawonsa bai wuce ƙugu ba, a idon kamara ƙirare ne. Wa zai koya wa na'ura ma'anar jan tsumma?

Malam Nuhu:
Allah ya saka miki da alheri, Malama. Ina da abin faɗa a kan ɓangarorin biyu. Game da gawa babu saɓani: Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana yi wa gawa kaca-kaca ko da ta abokin gaba ce, kuma ya ce karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana da rai. Da labarin gaskiya ne, da babu abin tattaunawa.

Amma abin da Malama ta kawo shi ma shari'a ba ta bar shi ba. A cikin Muwaɗɗa ta Imamu Malik, wadda muke karantawa a zaurukanmu, akwai wasiyyar da Sayyidina Abubakar ya yi wa Yazidu ɗan Abu Sufyan lokacin da ya tura runduna Sham. A ciki ya hana kashe mace da yaro da tsoho tukuf, kuma a jere guda da waɗannan ya hana sare itace mai ƴaƴa da rusa wurin da mutane ke zaune da yanka akuya ko raƙumi sai don ci. Ku duba yadda aka sa itace a sahu ɗaya da rai. Abin da ya fi damuna shi ne, wasiyya ana yi wa mai hankali ne wanda za a tambaya gobe. Yazidu yana da kunne kuma yana da lahira. Wannan abin fa, wa za a yi wa wasiyyar?

Kai kuma Habibu, ka koma wa mutum biyar ɗin nan tun yau, domin ya ishi mutum ƙarya ya riƙa faɗin duk abin da ya ji.

Habibu Zariya:
Allah gafarta Malam, na karɓa. Na riga na koma wa uku, saura biyu ba su buɗe saƙo ba tukuna.

Zuwaira:
Allah gafarta Malam, dokar zamani ma ta bi sawun wannan wasiyya, ko da yake ta makara. Ƙarin Yarjejeniyar Janiba na farko na 1977, a sashe na 54, ya hana lalata ko kwashe abubuwan da farar hula ba za su rayu ba sai da su, kuma ya ambaci abinci da gonaki da amfanin gona da dabbobi da ruwan sha. Sai dai Amurka ta sa hannu amma ba ta tabbatar da wannan ƙarin ba har yau. Kuma ko ga waɗanda suka tabbatar, sashen yana magana ne kan wanda ya yi da nufin hana mutane abin rayuwa. Lauyan soja zai ce na'urarsu ba ta yi nufin kowa ya ji yunwa ba, mai kawai take nema. Inna Hadiza za ta rasa gawonta, kuma a takarda babu mai laifi.

Tambayar Malam ta wa za a tuhuma ita ce ake ta ja a kai a Majalisar Ɗinkin Duniya. A Disamba 2023 babban zauren ya amince da ƙuduri na farko kan makaman da ke zaɓar abin hari da kansu, ƙasashe 152 suka goyi baya, amma ƙuduri ne na a tattauna, ba haramci ba ne.

Mushe Isufu:
Malama Hadiza, na sara miki, kin kai maganar inda ban kai ta ba. Amma kada mu gudu daga wani tsoro mu faɗa wani. Na'urar nan babu ita. Kuma dalilan da suka sa babu ita suna nan daram. Itace yana da nauyi da girma a kan ɗan zafin da yake bayarwa: abin da jarka ɗaya da rabi ta gazuwal za ta yi, sai an tara kaya guda na amalanke. Yankan da tsinta da niƙawa su ma suna cin wuta, wataƙila na'urar ta ƙone rabin abin da ta samu wajen neman na gaba. Ga toka da za a kwashe, ga rairayin da zai shiga kowace gaɓa ta hannun ƙarfen, ga hayaƙi da zafin murhu da za su nuna wa abokin gaba inda take tun daga nesa. A damina komi ɗanye ne, a hamadar Tenere kuwa babu ko tsinke. Ko a Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da ƙarancin fetur ya sa Turawa suka mayar da motoci masu ɗimbin yawa suna tafiya da gas ɗin itace, ana samun fetur suka watsar da abin.

Malama Hadiza, ma'aikaciyar gona:
Mushe, ka ce babu ita, na yarda. Amma a 2009 wayar da ke hannunka ma ba ta iya gane fuskarka, yau tana yi. Abin da ya gagare su a lokacin, wato na'ura ta duba ta bambance itace da dutse, yanzu ya zama wasan yara. Kuma yunwar man da Yaya Ila ya kwatanta ba ta tafi ko'ina ba. Ni ban ce gobe za a kawo ta ba. Na ce ranar da wani ya sake ɗauko wannan tunani, kalmar da zai fara wanke kansa da ita ita ce tsiro kaɗai take ci, kuma duniya za ta yi ajiyar zuciya kamar yadda zauren nan ya yi ɗazu.

Mushe Isufu:
Idon na'ura ya ƙaru, gaskiya ne, amma zafin da ke cikin kilo na itace bai ƙaru da ko ɗigo ba tun zamanin Annabi Adamu. Wanda ke son na'ura ta daɗe a daji yau, faifan hasken rana da batir zai nufa, domin farashinsu ya faɗi warwas tun daga wancan lokaci, ba su da hayaƙi kuma ba su da ƙara. A nan nake ganin gawonki ya tsira, ba don tausayi ba.

Kawu Ila, tsohon soja:
Ku biyun kun manta cewa abin da Amurkawa suka kashe kuɗi suna nema, yana ɗaure a bayan gidan kowannenmu. Abin da ke ɗaukar kaya, ya nemi abincinsa a hanya, ya bambance ciyawa mai kyau da mai guba, ya yi tafiya ba ƙara, har ma ya haifi wani irinsa, ai sunansa raƙumi, ƙanensa kuma jaki. Rundunar ƙasar nan ta gaji sojan raƙuma tun zamanin Faransa. Su kansu Amurkawa sun yi amfani da alfadarai a duwatsun Afganistan, kuma suna koyar da ɗaurin kaya a kan dabba a wani sansaninsu na Kalifoniya. Sun kuma ƙera wani alfadarin ƙarfe mai ƙafa huɗu, LS3 na kamfanin Boston Dynamics, a 2015 sojojin suka ajiye shi saboda ƙarar injinsa za ta tona musu asiri.

Amma Hadiza, don kada ki ce na goyi bayan Mushe, raƙumin soja ma gawo yake ci. Bambancin shi ne akwai mutum riƙe da akala, wanda mai gona zai iya tsayarwa ya yi masa magana, in ta kama a kai shi gaban mai gari.

Alhaji Lawali mai motoci:
Ni dai har yanzu ina nan a kan bakana ta wani gefe. Na janye maganar gawa, lissafin Mushe ya kama ni, domin na san abin da ruwa yake yi in ya shiga tanki. Amma cewa babu ita don ba a nuna mana ba, wannan ban saya ba. Jiragen nan marasa matuƙi sun yi shekaru suna tashi daga Yamai da Agadas har Amurkawan suka tattara suka fita a 2024, mu nawa ne a zauren nan muka taɓa ganin cikin sansanin?

Sannan kilo 68 ɗin nan yana yi mini yawo a kai. Malama, dami nawa ne na kara? Ni a ido nake sayen kara, ban taɓa aunawa ba.

Malama Hadiza, ma'aikaciyar gona:
Alhaji, dami ba shi da awo ɗaya, na Tsibiri daban, na Dakwaro daban, kuma na kaka ya fi na bazara nauyi saboda sauran danshi. In kana son amsa ta gaskiya sai an ɗora a sikeli.

Alhaji Lawali mai motoci:
Akwai sikelin buhu a garejina. Habibu, tunda kai ka jawo mana wannan, ranar Lahadi bayan la'asar ka biya kasuwa ka sayo dami biyu na karan hatsi, ɗaya babba ɗaya ƙarami, zan biya. Mushe ya zo da alƙalaminsa, ina so a buga mini gona kadada ɗaya kilomita nawa ce.